Yadda Ake Sauya wa Tsohuwar Waya Manhaja

Filashin, a bakin masu gyaran waya, shi ne a goge manhajar da kamfani ya sa wa waya a zuba mata wata. Tun da WhatsApp ya daina aiki a kan Android da bai kai 5.0 ba, a watan Oktoban 2023, masu rumfunan gyara a Tasawa da Mayahi suka ƙara samun dalilin yinsa: ga waya lafiya lau, amma saƙon murya ba ya shiga.

Ana farawa da cire batir a karanta lambar samfurin da ke ƙarƙashinsa, domin sunan da ke bayan murfi ba ya wadatarwa. Galaxy S3 mai lamba GT-I9300, ta 2012, ta tsaya a Android 4.3, amma manhajar LineageOS 14.1 na kai ta 7.1. Fayil ɗin wani samfurin, ko da sunansu ɗaya, yana iya kashe ta. Sai a kwashe hotuna da lambobi, a cika batir. Kwamfutar da za a yi zubin da ita ma gara laftof mai caji, saboda ɗaukewar wuta ana cikin zubi ta fi komai ɓarna; mai Windows 7 kuwa ta fi karɓar tsofaffin direbobi ba gardama.

Daga nan a kashe wayar, a danne maɓallin rage sauti da na tsakiya da na kunnawa tare, ta shiga yanayin karɓa. A jona ta da kwamfutar, a buɗe manhajar Odin, a tura mata TWRP, manhajar da ake goge tsari da zuba sabo da ita. Idan Odin ya nuna PASS, sai a shiga TWRP a goge tsohon tsari, a zuba sabon daga memori.

Tecno da Itel masu ƙwaƙwalwar MediaTek hanyarsu daban: manhajar SP Flash Tool da fayil ɗin scatter, wayar kuma a kashe ake jona ta. A nan gaggawa ke cin mutane. Wanda ya zaɓi Format All bai adana NVRAM (inda IMEI take) ba, ya goge IMEI, wato lambar shaidar waya, wayar ta kunnu amma ba ta ganin layi.

Kunnawar farko tana jan mintoci, ba a taɓa ta. In ta buɗe, a danna *#06# a duba IMEI, a sa layin Airtel ko Zamani a gwada kira, kyamara da lasifika kafin a miƙa wa mai ita.