Mamman Shata, Shugaban Makaɗan Kalangu

Duk yaron da ya tashi a Dutse, ko Kiyawa, ko Birnin Kudu, ya san amon kalangu. Shi ake kaɗa wa 'yan mata a dandali, shi kuma ake kaɗa wa mahauta ran kasuwa. Amma mutumin da ya ɗaukaka kalangu, har ya shiga da shi fadar sarakuna, shi ne Alhaji Mamman Shata.

An haifi Shata a Musawa, cikin ƙasar Katsina, a shekarar 1923. Sunan ubansa Ibrahim Yaro, uwarsa kuwa Lariya. Gidansu ba gidan kiɗa ba ne. A zamanin nan ɗan makaɗi shi ke gadon kiɗa, ɗan maƙeri shi ke gadon ƙira. Saboda haka da yaron ya soma waƙa, ran ubansa ya ɓaci ƙwarai, domin yana ganin roƙo abin kunya ne ga zuriyarsu. Ya hana shi, amma hani bai yi amfani ba.

Shata ya fara da tallan goro da alewa. In dare ya yi sai ya tafi dandali ya yi ta waƙa, ba don kuɗi ba, don sha'awa kawai. Sannu a hankali sunansa ya bazu. Ya bar Musawa ya zauna a Bakori. A 1952 ya yi wasa a Kano, wurin bikin 'ya'yan sarki, daga nan fa ya shahara. A 1960 ya koma Funtuwa da zama.

To, Shata ba shi kaɗai yake waƙa ba. Yana da ƙungiya ta makaɗa da 'yan amshi. Makaɗi yakan rataya kalangu a kafaɗa, ya matse tsirkiyarsa da hammata. In ya matse, muryar kalangu ta yi sama. In ya sassauta, ta yi ƙasa. Ta haka kalangu ke kwaikwayon maganar mutum. Shata yakan ba da waƙa, 'yan amshi su karɓa, makaɗa su riƙe kiɗa. In ɗaya ya yi gaggawa, ko ya yi nawa, waƙa ta lalace. Aikin shugaba ne ya sa su tafi tare kamar tsintsiya, ya kuma kula da cinsu da suturarsu, a gida da wurin tafiya.

Irin wannan shugabanci akwai shi a wasu ƙasashe. A Amurka, tsakanin 1935 da 1945, an yi yayin manyan ƙungiyoyin makaɗa masu busa ƙaho da kaɗa ganguna, jama'a na rawa. Wani Baƙar Fata mai suna Duke Ellington ya shugabanci irin wannan ƙungiya wajen shekara hamsin, har ya rasu a 1974. Amma su sukan rubuta kiɗansu a takarda. Shata kuwa da ka yake yin tasa. Yakan dubi mutum ya shirya masa waƙa nan take.

Ya yi wa sarakuna waƙa, da attajirai, da direbobi, da manoma. Lokacin yaƙin basasa, daga 1967 zuwa 1970, ya yi waƙoƙin ƙarfafa zuciyar soja. Da Amurkawa suka sauka a kan wata a 1969, ya yi wa kumbonsu waƙa. Babbar waƙarsa ita ce Bakandamiya, inda yake yi wa kansa kirari.

Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya ta ba shi digirin girmamawa na Dakta. Watau sana'ar da aka raina, ita ta kai shi zama cikin manyan malamai. Ya rasu a Kano a 1999, aka rufe shi a Daura, garin ubangidansa Sarki Muhammadu Bashar. Allah ya jiƙansa. Har yanzu ana jin muryarsa a rediyo. Sana'a sa'a, in mai ita ya riƙe ta da gaskiya.

Tambayoyi

1. Don me uban Shata ya ƙi ya yi waƙa?
2. Yaya makaɗi ke sauya muryar kalangu?
3. Mene ne aikin shugaban makaɗa?
4. Waɗanne irin kiɗa ake yi a garinku ran Salla?