Auna Tasirin Mujallun Ilimi ta Hanyar Ƙidayar Ambato

1.0 Gabatarwa

Duk ɗalibin da ya zo rubuta kundin kammala karatu sai ya nemi mujallun ilimi domin kafa hujja. Haka kuma duk malamin kwaleji ko jami'a da ke neman ƙarin girma sai an tambaye shi inda ya buga maƙalunsa. Wannan ya sa tambayar wace mujalla ce ta fi wata tasiri take da muhimmanci ga mai koyon aikin malanta. Wannan darasi zai yi bayanin hanyar da ta fi shahara wajen amsa tambayar, wato ƙidayar ambato, sannan ya nuna inda ta gaza idan aka zo kan mujallun nazarin Hausa.

2.0 Ma'anar Ambato

Ambato shi ne marubuci ya kawo sunan wani aikin da ya dogara da shi, tare da shekarar bugu, sannan ya jera cikakken bayaninsa a manazarta. Al'adar ba baƙuwa ba ce ga Bahaushe, domin malaman zaure sun saba jingina magana ga littafin da ta fito da malamin da aka ji ta daga bakinsa. Abin da zamani ya ƙara shi ne ƙidaya. An ɗauka cewa idan masana suka yawaita ambaton maƙalun wata mujalla, to alama ce ta cewa ana karanta ta, ana kuma gina sabon bincike a kanta.

3.0 Taƙaitaccen Tarihi

A shekarar 1927 wasu masana biyu masu suna Gross a Kwalejin Pomona ta Amurka suka ƙidaya mujallun da aka ambata a cikin wata babbar mujallar kimiyyar sinadarai. Manufarsu ita ce su taimaka wa ɗakin karatu mai ƙaramin ƙarfi ya san mujallun da ya kamata ya saya. A 1955 Eugene Garfield ya kawo shawarar a riƙa tattara ambato a rumbu guda. Cibiyar da ya kafa a birnin Filadelfiya ta fara fitar da kundin ambato na fannin kimiyya a 1964, ta kuma soma buga rahoton shekara-shekara na matsayin mujallu a 1975. Wannan aiki ne ya zama Web of Science, wanda ya koma hannun kamfanin Clarivate a 2016. A 2004 aka sami wasu rumbunan biyu, wato Scopus na kamfanin Elsevier da kuma Google Scholar.

Abin lura a nan shi ne, an ƙirƙiro ƙidayar ne domin zaɓen mujallu a ɗakin karatu. Daga baya ne hukumomi suka mayar da ita sikelin auna mutane.

4.0 Yadda Ake Lissafi

4.1 Ma'aunin tasiri

Ana ƙidaya sau nawa aka ambaci maƙalun da mujalla ta buga cikin shekaru biyu da suka gabata, sai a raba da yawan maƙalun. A misali, a ƙaddara wata mujalla ta buga maƙala 30 a 2022 da maƙala 20 a 2023, jimla 50. Idan a 2024 an ambaci waɗannan maƙalu sau 75, sai a raba 75 da 50. Ma'aunin tasirinta na 2024 ya zama 1.5.

4.2 Ma'aunin h

Jorge Hirsch, wani masanin kimiyyar fiziks a Amurka, ya fito da shi a 2005. Ana jera maƙalu daga wadda aka fi ambata zuwa ƙasa, a nemi adadin da yawan maƙalu da yawan ambato suka haɗu. Idan mutum yana da maƙalu shida da aka ambata sau 20, 11, 7, 4, 2 da 0, ma'auninsa 4 ne, domin maƙalu huɗu ne kowacce ta sami ambato aƙalla huɗu. Ana amfani da shi ga mutum, ana kuma amfani da shi ga mujalla.

5.0 Mujallun Nazarin Hausa

Sassan harsunan Nijeriya na jami'o'in Arewa sun daɗe suna buga mujallu. Akwai Harsunan Nijeriya ta Cibiyar Nazarin Harsunan Nijeriya da ke Jami'ar Bayero ta Kano, wadda ta fara fitowa tun farkon shekarun 1970. Akwai Algaita daga wannan jami'a, da Harshe daga Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, da Ɗunɗaye daga Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo ta Sakkwato. Da wuya a buɗe kundin digiri a kan harshe ko adabi ko al'adun Hausawa ba a ci karo da ɗaya daga cikinsu ba. Duk da haka, mafi yawan mujallun da ake bugawa da Hausa ba sa cikin Web of Science ko Scopus, saboda haka ba su da ma'aunin tasiri irin wanda aka bayyana a sama.

Mai awon hatsi a kasuwar Kawo yana auna abin da aka kawo gabansa ne kawai. Mudunsa ba ya ba da labarin dawar da ke cikin rumbun manomi a ƙauye. Haka ma'aunin tasiri yake: ba ya ƙidaya sai ambaton da ya fito a cikin mujallun da rumbun ya zaɓa. Rashin lamba ga mujalla ba ya nufin rashin tasiri.

6.0 Raunin Ma'aunin

Na farko, gajerun shekaru. A wasu fannonin kimiyya bincike kan tsufa da wuri, amma a nazarin harshe ambato yana zuwa a hankali, yana kuma daɗewa. Ƙamusun Bargery ya fito a 1934, maƙalar Parsons da ta raba aikatau na Hausa zuwa giredi bakwai ta fito a 1960, kuma har yau ana kafa hujja da su. Lissafin shekara biyu ba zai ga irin wannan tasiri ba.

Na biyu, matsayin littafi. Manyan ayyukan fannin sun fito ne a matsayin littattafai, kamar Hausa a Rubuce na Ibrahim Yaro Yahaya na 1988 da babban littafin nahawun Hausa na Paul Newman na 2000. Ma'aunin tasiri na mujallu ne, ba ya auna littafi.

Na uku, harshe. Rumbunan sun fi karkata ga Ingilishi. Maƙalar da aka rubuta da Hausa, masu jin Hausa ne za su ambace ta, su kuma galibi a mujallun gida suke bugawa.

Na huɗu, lambar matsakaici ce. Maƙala biyu ko uku na iya kwashe mafi yawan ambaton, sauran su fake a bayansu. Saboda haka darajar mujalla ba ta tabbatar da darajar kowace maƙala da ke cikinta.

Na biyar, ambato ba yabo ba ne a kullum, domin akan ambaci aiki don a yi masa raddi. Bugu da ƙari, akwai mujallun da ke matsa wa marubuta su ambace su domin lambar ta hau, akwai kuma na 'yan neman kuɗi da ke liƙa lambobin ƙarya a shafinsu na intanet.

Waɗannan dalilai ne suka sa wasu masana da editoci suka tsara sanarwar San Faransisko a 2012, wadda ta nemi a daina auna maƙala ko mai bincike da lambar mujallar da ya buga a cikinta.

7.0 Abin da Ya Kamata Ɗalibi Ya Yi

Kafin ɗalibi ya dogara da mujalla, ya duba wace cibiya ce ke buga ta, su wane ne editocinta, ko masana na tace maƙalu kafin bugu, da kuma ko tana fitowa a kan kari. Idan ta yi iƙirarin wata lamba, ya nemi sunanta a rumbun da ta ambata. Shafin AJOL, wanda ya fara aiki a 1998, yana taimakawa wajen gano mujallun Afirka. Bayan wannan duka, ya karanta maƙalar da kansa, domin gani ya kori ji.

Haka kuma ɗalibi na iya yin tasa ƙidayar kamar yadda aka yi a 1927. Wanda ke zaune a Rafin Guza, alal misali, yana iya zuwa Gidan Arewa da ke cikin Kaduna, cibiyar binciken tarihi ta Jami'ar Ahmadu Bello da aka kafa a 1970 a tsohon gidan Sardauna, ya ɗauki kundaye ko mujallu, ya ƙidaya abin da ke manazartarsu. Sakamakon zai nuna masa mujallun da masu binciken Arewa suke dogara da su a zahiri.

8.0 Kammalawa

An ga cewa ƙidayar ambato hanya ce mai amfani wajen kwatanta mujallun fanni guda da ke cikin rumbu guda. Idan aka fita daga wannan da'ira, sai ta riƙa yaudara. Malamin Hausa na gobe yana da nauyi biyu: ya san lissafin don kada a ruɗe shi da lamba, ya kuma riƙa ambaton ayyukan da ya amfana da su cikin amana, domin daga wannan ambato ne ake gane tasirin mujallun gida.

9.0 Tambayoyin Bita

1. Mene ne ambato, kuma me ya sa aka fara ƙidaya shi?
2. Wata mujalla ta buga maƙala 40 cikin shekara biyu, aka ambace su sau 10 a shekara ta uku. Fitar da ma'aunin tasirinta.
3. Kawo dalilai uku da ke hana ma'aunin tasiri dacewa da nazarin Hausa.
4. Ɗauki kundaye biyar a sashenku, ka jera mujallun da aka fi ambata a cikinsu, ka yi sharhi a kan abin da ka gano.