Haƙora Goma Sha Shida: Darasi Daga Gareji

Gabatarwa

'Yan'uwana ɗalibai, duk hutu nakan koma garejin kawuna da ke hanyar Makurɗi a Lafiya. A can na koyi darasin da nake son mu yi nazarinsa tare, wato gyaran wayar da ke haɗa mota da na'urar gano cutarta.

Mece Ce Wannan Waya?

Tun 1996 Amurka ta wajabta wa motoci tsarin OBD-II, kuma da shi galibin tokumbo ke shigo mana. A ƙarƙashin sitiyari akwai soket mai ramuka 16, kan wayar kuma yana da haƙora 16. Haƙori na 16 shi ke ɗauko wutar batir, bolt 12. Na 4 da na 5 su ne "ƙasa", inda wuta ke komawa. Na 6 da na 14 su ke kai saƙo tsakanin na'ura da ƙwaƙwalwar mota a motocin zamani.

Yadda Muka Gyara

Wata rana aka kawo Corolla, na jona na'ura ta ƙi karantawa. Nan take na ce ƙwaƙwalwa ta ƙone, mai mota ya dafe kai saboda tsadarta. Kawu ya ce, "Ɗana, ɗauko mita tukuna."

Da fari muka auna ramuka na 16 da na 4, muka sami wuta, ashe fis lafiya lau. Sai muka cire batir muka auna na 6 da na 14, mita ta nuna om 60, yadda ya kamata. Ke nan laifin ba na mota ba ne. Muka bi silin wayar ɗaya bayan ɗaya, sai ga na 14 ya tsinke a gindin kai, inda take yawan lanƙwashewa. Kawu ya feƙe shi, ya liƙe da dalma, ya naɗe da salatif. Na'ura ta karanta.

Kammalawa

Darasin shi ne a fara binciken mai araha kafin a yanke wa mai tsada hukunci. Mu kuma ɗaliban harshe mu lura: "fis" da "batir" aro ne, amma "haƙori" da "ƙwaƙwalwa" faɗaɗa ma'ana ne daga jikin ɗan'adam. Kafin mu zauna ƙirƙirar kalmomin fannu a aji, mu leƙa gareji da littafinmu, domin makanikai sun riga mu fara aikin.