YADDA A KE GANE KARE YA ISA GADI

A garinmu Sabon Birni, ta wajen Gwarzo, mutane da yawa su kan ajiye kare don tsaron shanun huɗa da rumbuna. Addini ma ya yarda a riƙe shi saboda dabbobi ko gona ko farauta. Amma ba kowane kare mai haushi ne ya isa gadi ba. Ga abin da na koya wurin kawuna, na haɗa da na darasin kimiyya.

Da farko a dubi shekarunsa. Kwikwiyo haƙora 28 gare shi, sai ya kai wajen wata bakwai su ke cika 42. Duk da haka hankalinsa ba ya zama sai ya shekara ɗaya da rabi ko biyu. Kafin nan wasa ne kawai a kansa.

Na biyu, jin magana. In an kira shi ya zo, in an ce "bari" ya bari, ko da ya fara fushi. Karen da ba ya jin tsawar ubangidansa, wata rana ɗan maƙwabci zai ciza.

Na uku, zuciya. Kawuna ya kan sa wani baƙo ya zagayo bayan danga da dare. In karen ya tsaya ƙyam ya na haushi, to, madalla. In kuwa ya cusa bindi tsakanin ƙafafu ya na ja da baya, tsoro ne, da sauransa.

Na huɗu, kwaɗayi. Sai baƙon ya jefa masa tsokar nama. In ya cafke, bai isa ba, domin ɓarayi su kan ba kare nama mai guba tukuna su kwance shanu.

Na biyar, lafiya. Tilas a kai shi wurin malamin dabbobi a yi masa allurar haukan kare tun ya na wata uku, a riƙa sabuntawa kowace shekara. A Najeriya ma ana yin wannan allura a cibiyar binciken dabbobi ta Vom, kusa da Jos. Cutar nan in alamunta sun bayyana a jikin mutum, da wuya ƙwarai ya tashi.

Saboda haka ina roƙon iyayenmu su gwada karensu tun ɓarawo bai zo ba, gama ba a fafe gora ranar tafiya.

Daga wani ɗalibin Aji 4