Limami ko Malami? Nazarin Sana'o'i da Hidimomin Rabbi a Addinin Yahudanci na Zamani

Tsakure

Wannan muƙala ta nazarci ayyukan da rabbi, wato masanin addinin Yahudanci mai ijaza, yake gudanarwa a wannan zamani, musamman a Amurka da Ingila da Isra'ila. An bi tarihin muƙamin a taƙaice, sannan aka duba fagagen da masu riƙe da shi suke aiki a yau, kama daga majami'a har zuwa asibiti da barikin soja da majalisar dokoki. Nazarin ya gano cewa ilimi ne tushen muƙamin, jagorancin ibada kuwa reshe ne guda daga cikin rassansa. A kan haka, muƙalar ta ga cewa "malamin Yahudawa" ya fi "limamin Yahudawa" dacewa a fassarar Hausa.

Fitilun Kalmomi: Rabbi, Yahudanci, Ijaza, Malanta, Fassara

1.0 Gabatarwa

Mai fassara labaran duniya zuwa Hausa yakan ci karo da kalmar rabbi, kuma dole ya zaɓar mata sunan da mai sauraro zai gane. Wasu sukan ce "limamin Yahudawa", wasu kuma "malamin Yahudawa". Barin kalmar yadda take yana da tasa matsalar, domin a kunnen Bahaushe "Rabbi" kira ne ga Ubangiji, kamar yadda ake ji a addu'a. Zaɓin da mai fassara ya yi shi ne hoton da zai zauna a zuciyar jama'a game da wani rukuni na mutane da sunayensu ke yawan fitowa a labaran Gabas ta Tsakiya. Idan hoton ya karkace, fahimtar labarin ma za ta karkace. Don haka ya kamata a fara sanin aikin da rabbi yake yi kafin a raɗa masa suna.

2.0 Asalin Kalmar da Muƙamin

Kalmar ta fito ne daga Ibrananci, inda rab ke nufin babba ko maigida, rabbi kuma "maigidana" ko "malamina". Saiwarta ɗaya da rabb ta Larabci, sai dai Larabci ya fi keɓe tasa ga Allah, Ibrananci kuma ya bai wa malami. Alƙur'ani ya ambaci rabbaniyyun da ahbar a Suratul Ma'ida, aya ta 44 da ta 63, masu tafsiri da Hausa kuwa sukan bayyana su a matsayin malaman Yahudawa.

Kafin shekara ta 70 Miladiyya, ibadar Yahudawa ta ta'allaƙa ne ga Haikalin Ƙudus, inda firistoci 'yan gado daga zuriyar Annabi Haruna suke miƙa hadaya. Da Rumawa suka rushe Haikalin a wannan shekara, sai jagoranci ya koma hannun masana Attaura, irin su Yohanan ben Zakkai da ya kafa makaranta a Yabne. Daga waɗannan masana aka samu Mishna wajen shekara ta 200, daga baya kuma Talmud. Muƙamin rabbi ba a gadonsa. Ana samunsa ne ta hanyar karatu da ijazar da ake kira semika. Haka kuma ba sharaɗi ba ne sai rabbi ya ja ibada. Duk baligin da ya iya karatun zai iya shigewa gaba muddin mutum goma sun hallara, kuma a majami'u da yawa akwai mai rera addu'o'i na musamman da ake kira hazzan.

3.0 Daga Sana'ar Hannu Zuwa Albashi

Malaman farko ba su ɗauki malanta hanyar cin abinci ba. Ruwayoyinsu sun nuna cewa akwai magini da maƙeri da baduku a cikinsu. Musa bin Maimun, haifaffen Ƙurɗuba wanda ya rasu a Misira a 1204, da aikin likita ya riƙe kansa, har ya yi wa fadar Salahuddin Al-Ayyubi hidima, kuma ya yi kakkausar suka ga masu karɓar lada a kan koyar da Attaura. Al'amarin ya fara sauyawa a ƙarni na 14 da na 15. Shimon ben Zema Duran, likitan da ya gudu daga tsibirin Mayoka zuwa Aljiyas bayan kisan Yahudawa na 1391, ya rasa dukiyarsa, ya karɓi albashi daga al'umma, sannan ya rubuta hujjojin halaccin hakan.

Sauyi na biyu ya zo a ƙarni na 19, lokacin da ƙasashen Turai suka fara bai wa Yahudawa 'yancin zama 'yan ƙasa. Kotunan gwamnati suka karɓe yawancin shari'un da rabbi yake yankewa a da, sai aikinsa ya karkata ga wa'azi da ɗaurin aure da jana'iza da ta'aziyya. Aka kafa kwalejojin horarwa masu haɗa karatun addini da na jami'a: ta Bireslau a 1854, Hebrew Union College a Sinsinati a 1875, da Jewish Theological Seminary a Niyok a 1886. A wannan zango ne kuma Yahudanci ya rabu zuwa manyan ɗariƙu uku: Otodoks masu riƙo da tsohon tafarki, Rifom masu sassauci, da Konsabatib 'yan tsaka-tsaki. Rabbin da ya yi kama da limami, wanda ke zaune a majami'a guda yana karɓar albashi, ɗan wannan zango ne.

4.0 Fagagen Aiki a Yau

4.1 Shari'a da Sa Ido Kan Abinci

Tsohon aikin fatawa da alƙalanci bai mutu ba, musamman a tsakanin Otodoks. Kotun addini da ake kira bet din tana duba saki da shiga addini da sasancin 'yan kasuwa. A Isra'ila, Majalisar Manyan Malamai da aka kafa a 1921 ita ke riƙe da aure da sakin Yahudawa, malamanta kuma ma'aikatan gwamnati ne. Wani reshen shi ne tabbatar da halaccin abinci, wato kosha. Ƙungiyar Orthodox Union ta Amurka tana aika malamai masana'antu a ƙasashe da dama, su binciki kayan haɗi da injuna kafin a buga tambarinta a jikin kaya. Irin wannan malami ya fi saba wa hular kwano ta ma'aikata fiye da mumbari.

4.2 Soja, Asibiti da Jami'a

Dokar Amurka ta farkon Yaƙin Basasa ta keɓe muƙamin malamin addini na soja ga Kirista. An gyara ta a 1862 a zamanin Shugaba Lincoln, daga nan Yahudawa suka shiga. A watan Fabrairun 1943, rabbi Alexander Goode yana cikin malaman addini huɗu da suka bai wa sojoji rigunansu na ceto lokacin da jirgin ruwan Dorchester yake nutsewa, suka halaka tare da jirgin. A asibitoci da gidajen yari, rabbi yakan zauna da majiyyaci ko ɗaurarre ko da ba Bayahude ba ne. Abraham Twerski, wanda ya rasu a 2021, ya haɗa ijaza da likitancin ƙwaƙwalwa, kuma a 1972 ya kafa cibiyar Gateway ta farfaɗo da masu shaye-shaye a kusa da Fitsibag. A Isra'ila, Elimelech Firer ya kafa ƙungiyar Ezra LeMarpeh a 1979 domin haɗa marasa lafiya da likitocin da suka dace da cutarsu. A jami'o'i kuma akwai ƙungiyar Hillel, wadda rabbi Benjamin Frankel ya assasa a Jami'ar Ilinoi a 1923 domin kula da ɗalibai Yahudawa.

4.3 Fafutuka da Siyasa

Joachim Prinz, wanda ya tsere daga Jamus ta 'yan Nazi, ya yi jawabi a babban gangamin Washinton na 1963, Abraham Joshua Heschel kuma ya yi tattakin Selma a 1965 kafaɗa da kafaɗa da Martin Luther King domin 'yancin baƙar fata. David Saperstein ya riƙe muƙamin jakadan Amurka kan 'yancin addini daga 2015 zuwa 2017. A Ingila, Julia Neuberger ta shugabanci cibiyar King's Fund mai nazarin harkar lafiya daga 1997 zuwa 2004, sannan ta shiga Majalisar Dattawa, inda Jonathan Sacks, babban rabbin ƙasar daga 1991 zuwa 2013, ya tarar da ita a 2009. A Yuganda, Gershom Sizomu, jagoran al'ummar Abayudaya da ke yankin Mbale, ya samu ijaza a Amurka a 2008, aka kuma zaɓe shi ɗan majalisar dokoki a 2016.

A kan batun Falasɗinu, bakin malaman bai zo ɗaya ba. Moshe Levinger ne ya jagoranci 'yan kama-wuri-zauna zuwa birnin Al-Khalil a 1968. Ovadia Yosef, haifaffen Bagadaza, shi ne uban jam'iyyar Shas da aka kafa a 1984. A ɗaya gefen kuma akwai ƙungiyar Rabbis for Human Rights da aka kafa a 1988, wadda mambobinta sukan raka manoman Falasɗinawa gonakin zaitun lokacin girbi domin kare su daga farmaki. Duka ɓangarorin suna kafa hujja da littattafai iri ɗaya.

4.4 Rubutu da Aikin Wakilci

Wasu da alƙalami suka yi suna. Adin Steinsaltz ya shafe shekara 45, daga 1965 zuwa 2010, yana fassara Talmud zuwa Ibrananci na zamani tare da sharhi. Harold Kushner ya rubuta When Bad Things Happen to Good People a 1981 bayan rasuwar ɗansa, littafin da mabiya addinai daban-daban suka karanta. Ƙungiyar Chabad kuwa, a ƙarƙashin Menachem Mendel Schneerson wanda ya rasu a 1994, ta ɗauki salon tura rabbi da matarsa su zauna a wani gari, su buɗe gida ga baƙi, su nemo kuɗin gudanarwa da kansu. Wakilanta suna cikin ƙasashe sama da 100, har da Kinshasa da Abuja. Irin wannan wakili shi ne malamin makaranta, shi ne mai masauki, shi ne mai neman tallafi.

5.0 Dalilan Yawaitar Fagagen

Dalili na farko shi ne raguwar masu rajista a majami'u. Binciken cibiyar Pew na 2020 ya ƙiyasta Yahudawan Amurka da kimanin miliyan 7.5. Daga cikin manyansu, kashi 37 cikin 100 Rifom ne, kashi 17 Konsabatib, kashi 9 Otodoks, kashi 32 kuma ba sa bin kowace ɗariƙa. Kimanin kashi 35 ne kaɗai suka ce su ko wani a gidansu yana da rajista a majami'a. Tun da majami'a da kuɗin mambobi take biyan albashi, in kiɗa ya sauya dole rawa ta sauya: malami ya bi jama'a inda suke.

Dalili na biyu shi ne shigowar mata. Regina Jonas ta samu ijaza a Jamus a 1935, aka kashe ta a sansanin Aushwis a 1944. Sally Priesand ta samu tata a 1972 a ɗariƙar Rifom, Amy Eilberg kuma a 1985 a Konsabatib. Ita Eilberg, kula da majiyyata da masu jinyar ajali ta mayar babban aikinta, daga baya ta koma sasanci tsakanin addinai. Yawancin Otodoks har yanzu ba su yarda da ijazar mata ba, ko da yake an buɗe makarantar Yeshivat Maharat a Niyok a 2009 domin hakan.

Wannan bazuwa tana da farashinta. Aikin majami'a ya ƙara nauyi, domin bayan harin Fitsibag na Oktoban 2018 da ya ci rayuka 11, da garkuwar da aka yi da masu ibada a Kolibil ta jihar Tekzas a Janairun 2022, tsaro ya shiga cikin abin da rabbi yake koyo. Ƙananan al'ummomi suna wahalar samun wanda zai zauna da su. A 2022 Hebrew Union College ta yanke shawarar daina bayar da ijaza a Sinsinati, inda ta faro, saboda ƙarancin ɗalibai da kuɗi. Akwai kuma muhawarar da ba ta ƙare ba a tsakanin Yahudawa: idan rabbi ya yi magana a majalisa ko a wurin zanga-zanga, da yawun wa yake yi, tun da babu jama'ar da ta naɗa shi?

6.0 Abin da Nazarin Ya Nuna Game da Fassara

A Hausa, liman muƙami ne da ke ɗaure da masallaci da jan salla. Wanda ba shi da mamu ba a kiransa liman. Malam kuwa laƙabi ne na ilimi, yana bin mai shi duk inda ya tafi. Malami yakan zama alƙali ko ɗan kasuwa ko manomi ko ɗan majalisa, sunan bai faɗi ba, kuma wasu malamai limamai ne, wasu ba limamai ba. Wannan shi ne daidai halin rabbi. Twerski da Steinsaltz da mai duba masana'antar abinci duk malamai ne, amma kiransu limamai zai sa mai sauraro ya nemi masallacin da suke ja. Kalmar malami tana da wata fa'idar, wato tana karɓar jinsin mace: a ce malama Neuberger, alhali "limamiya" baƙuwa ce a kunnen Bahaushe. Inda labari ya shafi wanda ke riƙe da majami'a, ana iya cewa "malamin majami'ar Yahudawa ta gari kaza". Babban rabbi na ƙasa kuma "babban malamin Yahudawa" ya wadatar.

7.0 Kammalawa

Muƙalar ta nuna cewa rabbi ya faro a matsayin masani mai sana'ar kansa, ya zama ma'aikacin al'umma mai albashi, a yau kuma ana samunsa a kotu da masana'anta da asibiti da bariki da jami'a da majalisa. Abin da bai sauya ba tsawon kusan shekara 2000 shi ne karatu da ijaza. Saboda haka ana bai wa masu fassara da masu tsara ƙamus shawarar su tsayar da "malamin Yahudawa", su bar "limami" ga inda jan ibada ne ainihin abin da ake magana a kai. Akwai kuma fagen bincike a buɗe ga manazarta al'ada, na kwatanta yadda malamin Hausa da na Yahudawa kowannensu ya warware matsalar karɓar lada a kan ilimin addini.