Darasin Kimiyya: Jituwar Igiyoyin Haske ta Lokaci da ta Wuri

Ku kunna tocila biyu ku haska su wuri ɗaya a jikin bango. Wurin zai ƙara haske, ba wani abu kuma. Wannan ya isa ya ɗaure wa ɗalibin kimiyya kai, domin an koya masa cewa haske igiya ne, kuma duk inda tudun wata igiya ya faɗa kan kwarin wata, sai su shafe juna. In haka ne, ai kamata ya yi a ga ratsin duhu a tsakanin ratsin haske. Ba a gani. Dalilin rashin ganinsa shi ne darasinmu na yau.

Kayan aiki tukuna

Igiyar haske tana tafiya da tudu da kwari. Tazarar da ke tsakanin tudu da wanda ke biye masa ita ce zango, alamarsa λ. Na rediyo da mita ake auna shi, na haske kuwa da nanomita, wato kashi ɗaya cikin biliyan na mita. Idon mutum yana ganin abin da ya kama daga nanomita 400 zuwa wajen 700. Koren haske mai zangon nanomita 550 yana kaɗawa fiye da sau tiriliyan 500 a sakan ɗaya.

Abu na biyu shi ne taku: inda igiya take a wani lokaci, ko a tudu, ko a kwari, ko a tsakani. Ku tuna mata biyu masu lugude a turmi ɗaya. Taɓaryar wannan tana sama, ta waccan tana ƙasa. Ba tare suke sauka ba, amma tazarar bugunsu ba ta sauyawa, har wanda ya ji bugun ɗaya zai iya faɗin lokacin da ɗayar za ta sauka. Wannan ita ce jituwa. Ku riƙe ta da kyau, domin nan ne ɗalibai suka fi zamewa: ba sharaɗi ba ne takun igiyoyin ya zama ɗaya. Sharaɗin shi ne bambancin takunsu ya tsaya a inda yake.

Tocila biyu ba su cika wannan sharaɗi ba. A cikin kowace fitila, ƙwayoyin zarra marasa adadi ne ke fitar da haske, kowace tana gaban kanta. A fitilar gas, ƙwaya ɗaya takan saki guntun igiya na kimanin kashi ɗaya cikin miliyan 100 na sakan, sau da yawa ma karo da maƙwabta yana katse ta kafin nan. Guntun da zai biyo baya da sabon taku zai zo. Saboda haka ratsin yana samuwa, amma kafin ido ya kama shi ya riga ya sauya wuri sau miliyoyi. Abin da ke isa gare mu gaurayensu ne, haske bai ɗaya.

Dabarar masana ita ce a daina gwada fitila da fitila. A ɗauki haske ɗaya a raba shi biyu, a gwada shi da kansa. Ana yin haka ta hanya biyu, kowace da tambayarta, kuma daga nan jituwa ta kasu gida biyu. Ma'auninsu ɗaya ne: fitowar ratsi. A auna ƙarfin haske a inda ya fi yawa da inda ya fi ƙaranci, a ɗebe ƙaramin daga babban, a raba da jimillarsu. Idan rassan biyu ƙarfinsu ɗaya, sakamakon 1 yana nufin cikakkiyar jituwa, 0 kuma babu ko kaɗan. Hasken duniya kusan duka a tsakani yake.

Jituwar lokaci

Tambayarta: idan na san takun igiya a wannan wuri yanzu, har zuwa yaushe zan iya faɗin takunta a wurin?

Na'urar amsa wannan tambaya Albert Michelson ne ya ƙera ta a Jamus a 1881, masanin Amurka da ya samu kyautar Nobel a 1907. Haske yana faɗawa kan wani madubi mai barin rabi ya wuce, ya mayar da rabi. Kowane rabi ya bi hanyarsa zuwa nasa madubin, ya dawo, su haɗu a kan allo. Idan hanyoyin biyu tsawonsu ɗaya, ratsi yana fitowa tangaran. Sai a riƙa ja da madubi ɗaya baya sannu a hankali. Ku lura, in an ja shi milimita 1, hanyar ta ƙaru da milimita 2, domin zuwa da dawowa ne. Yanzu reshe ɗaya yana makara, wato ana gwada igiyar da abin da ta kasance ɗazu. Ratsin zai riƙa dusashewa har ya ɓace. Bambancin hanyar da ya ɓace a kansa shi ne tsawon jituwa. In aka raba shi da gudun haske, kilomita 300,000 a sakan, sai a samu lokacin jituwa.

Me ke ɓatar da ratsin? Babu fitilar da ke ba da zango ɗaya tak. Kowace tana ba da tarin zanguna masu kusa da juna, faɗin tarin kuma shi ake rubutawa Δλ. Kowane zango yana zana nasa ratsin. Muddin hanyoyin sun yi daidai, duk ratsin a kan juna suke. Da bambanci ya ƙaru, sai su fara zamewa, har hasken wannan ya cike duhun wancan. Lissafin kuwa gajere ne:

tsawon jituwa ≈ λ² ÷ Δλ

Mu gwada shi. Farin hasken rana: tsakiyarsa nanomita 550, faɗinsa wajen 300. 550 sau 550 a raba da 300 ya ba da kusan nanomita 1,000, wato kashi ɗaya cikin dubu na milimita. Ƙaramar jar fitilar LED mai zango 630 da faɗi 20 tana ba da kashi 2 cikin 100 na milimita. Jan lezan hiliyom da niyon na ɗakin gwaji, mai zango 632.8, yakan kai santimita 20. Wanda aka tace shi sosai kuwa yana kai ɗaruruwan mitoci.

Lambar farko ta bayyana wani abin da kowa ya taɓa gani. Bayan an ɗauke ruwan sama, idan man mota ya zuba a kan kududdufi, sai launuka su baje a kansa. Wani haske ya dawo daga saman man, wani ya shiga ya dawo daga ƙasansa, kuma shimfiɗar man siririya ce ƙwarai, bambancin hanyoyin bai wuce tsawon jituwar hasken rana ba. Don haka suke gamuwa, wasu launuka su ƙarfafa, wasu su mutu. Gilashin taga shi ma fuska biyu gare shi, shi ma yana mayar da haske daga kowace. Amma kaurinsa milimita 3 ko 4 ne, ya ninka tsawon jituwar sau dubbai, shi ya sa ba ya yin launi.

Michelson ya ci moriyar wannan ilimi. A 1892 zuwa 1893, a Faransa, ya auna tsawon mita da zangon jan hasken kadmiyom, nanomita 643.8. Ya zaɓe shi ne saboda ratsinsa yana jurewa ko da bambancin hanya ya yi yawa.

Jituwar wuri

Tambaya ta sauya. Ba a jinkirta komai. Ana ɗaukar wurare biyu gefe da gefe a fuskar hasken da ke tahowa, a tambaya: takun nan da na can suna da tsayayyar alaƙa kuwa?

Thomas Young, likita ɗan Ingila, ya bayyana wa ƙungiyar masana ta Royal Society a Landan a Nuwamban 1803 yadda ya shigo da hasken rana ta wata 'yar huda, ya raba shi biyu da siririn kati, ya ga ratsi a cikin inuwar. A laccocinsa da aka buga a 1807 aka samu bayanin tsaga biyu da muke koyarwa yau. Littattafai sukan zana tsagogin biyu da girma, su wuce 'yar hudar farko kamar ba komai ba ce. A ganina ita ce ruhin gwajin. Kowane ɗigo a jikin fitila yana zana nasa ratsin a allo, ɗigon da ke gefensa kuma yana zana nasa a ɗan karkace. In fitilar ƙarama ce, duk sun hau kan juna. In tana da faɗi, sai su cuɗe. Hudar tana mayar da babbar fitila kamar ɗigo ɗaya. Lissafi na biyu ke nan:

faɗin jituwa ≈ λ × nisan fitila ÷ faɗin fitila

Rana faɗinta kusan kilomita miliyan 1.4 ne, nisanta miliyan 150. Nisan ya ninka faɗin sau 107 ke nan. Nanomita 550 sau 107 ya ba da kimanin kashi 6 cikin 100 na milimita. Tsaga biyu da suka fi haka nisa da juna ba za su ba da ratsi mai kyau da hasken rana kai tsaye ba.

Ku dubi lissafin da kyau. Girman fitila shi kaɗai ba ya yanke hukunci, sai an haɗa da nisanta. Abin mamaki, ƙwayoyin da ke fitar da hasken ba su san da juna ba, amma tafiya mai nisa tana sa hasken ya iso da jituwa. Masana biyu 'yan Holan suka kafa wannan a lissafi, van Cittert a 1934 da Frits Zernike a 1938. Tun kafin su an yi aiki da shi. Hippolyte Fizeau na Faransa ya kawo shawarar a 1868 cewa za a iya auna tauraro ta wannan hanya. A Disamban 1920, a dutsen Wilson da ke Kalifoniya, Michelson da Francis Pease suka ɗora ƙarfe mai tsawon ƙafa 20 a bakin madubin hangen nesa mai faɗin inci 100, suka jera madubai a kansa a madadin tsagogi. Suka saita shi kan Betaljus, jan tauraron nan na rukunin Oriyon da ake gani da dare a lokacin hunturu. Da tazarar madubai ta kai wajen mita 3, ratsin ya ɓace. Daga wannan ɓacewa suka fitar da faɗin tauraron a sama: kashi 47 cikin 1,000 na sakan ɗin kusurwa, alhali digiri ɗaya yana da sakan 3,600. Wannan ne karo na farko da aka auna faɗin wani tauraro ban da rana.

Kada a gauraya su

Hasken tauraro yana da jituwar wuri ta mitoci, amma ta lokaci kaɗan ce, tunda launukansa a gauraye suke. Babbar fitilar sodiyom mai ruwan ɗorawa a kusa da kai akasin haka ce: launinta kusan ɗaya, faɗinta kuma ya lalata jituwar wuri. Maganin kowace daban. Matatar launi tana gyara ta lokaci, 'yar huda tana gyara ta wuri, kuma dukansu hasarar haske ake biya. Haka Dennis Gabor ya yi fama a 1948, yana tace hasken fitilar zaiba yana matse shi ta huda don yin hologiram, hoton da ke adana takun igiya. Aikin bai bunƙasa ba sai bayan Theodore Maiman ya kunna leza na farko a 1960, hasken da ya haɗa jituwar biyu da ƙarfi a lokaci guda.

Kada kuma ku ɗauka gajeriyar jituwa naƙasa ce. Na'urar OCT da likitocin ido ke duba bayan ido da ita, wadda aka bayyana a 1991 daga jami'ar MIT, da gangan take amfani da haske mai gajeriyar jituwa. Ratsi ba ya fitowa sai daga zurfin da hanyoyin biyu suka yi daidai, don haka ana karanta naman ido shimfiɗa bayan shimfiɗa ba tare da an taɓa shi da wuƙa ba.

Aikin gida

Na ɗaya: koriyar fitilar LED zangonta 520, faɗinta 30. Ku nemo tsawon jituwarta. Na biyu: fitila mai faɗin santimita 10 tana nisan kilomita 1. Ku nemo faɗin jituwarta a zangon 550, ku gwada da na rana. Na uku: ku samu takardar alminiyom, ku yi tsaga biyu sirara dab da juna da reza, ku kara a ido da dare ku dubi fitila mai nisa, sannan ku dubi ta kusa, ku rubuta bambancin da kuka gani. Kada wanda ya gwada wannan da rana ko da leza, domin dukansu suna ƙona ido.