Darasi: Sauya harshen manhajar gyaran hoto

Wani makiyayi ya ɗauki hoton ragonsa da salula don ya aika ma mai saye a Maraɗi. Hoton ya yi duhu. Ya buɗe manhajar gyaran hoto, ya iske rubutun duka Ingilishi ne. Ya danna wurin da bai gane ba, hoto ya goge. Ciniki ya wuce shi.

Ana iya sauya wannan harshe. Manhajoji da yawa harshen salula suke bi. In an sauya na salula, nasu ma sai ya sauya.

Ga yadda ake yi:

1. A nemi alama mai kama da ƙaramar taya mai haƙora. Sunanta Settings da Ingilishi, Paramètres da Faransanci.
2. A shiga, a nemi Language ko Langue.
3. A zaɓi harshen da aka iya, a maida shi saman jeri.
4. A rufe manhaja, a sake buɗe ta.

Tun 2022, salula mai Android 13 tana bari a zaɓa ma wasu manhajoji harshensu daban.

Hattara: kada a zaɓi harshen da ba a iya karantawa, komawa baya yana da wuya. In an zaɓi Larabci, rubutu zai koma daga dama zuwa hagu.

Tambayoyi:
Mi ya sa hoton makiyayi ya goge?
Wace alama ake fara nema?